Zalika Souley: Darasi Daga Rayuwar 'Yar Wasan Kwaikwayo



Mutanen Samaru ba baƙin wasan kwaikwayo ba ne. Tun a 1975 aka fara koyar da shi a Jami'ar Ahmadu Bello, aka gina masa dandalin nan na ginin ƙasa, kuma daga nan ɗalibai suka riƙa kai wasa ƙauyuka irin su Soba da Maska da Bomo. Dattawan da ke cikinmu kuwa suna iya tuna lokacin da matasa kan yi cincirindo a gidajen silima na Sabon Gari don kallon kaboyi da Indiya. Marigayi Ƙasimu Yero ma ɗan Zariya ne. Amma yau zancen mace zan yi, domin in an zo lissafin 'yan wasa, mata kan zo daga ƙarshe, in ma an tuna da su.

Wadda zan yi magana a kanta ita ce Zalika Souley, Bazabarma, wadda aka haifa a Yamai, babban birnin Nijar, a 1947. Masana tarihin silima suna lasafta ta a sahun farko na matan Afirka ta kudu da Sahara da suka ɗauki fitowa a fim sana'a.

Tana da shekara 19 Mustafa Alasan ya sa ta a fim ɗinsa Le Retour d'un aventurier, a 1966. Labarin wani saurayi ne da ya komo daga Amurka da tsarabar kayan kaboyi, ya rarraba wa abokansa, suka hau dawaki suka addabi gari. Zalika ita ce macen da ke cikin gungun, da wando da malafa, bisa doki. Ku dubi yadda wannan shiga za ta zama a idon mutanen Yamai shekara 6 kacal bayan samun 'yancin kai.

Daga nan sai ta shiga aiki da Umaru Ganda, tsohon soja wanda ya yi yaƙi a Indocina ƙarƙashin tutar Faransa. Ta fito a Cabascabo, labarin sojan da ya dawo gida da kuɗin sallama, abokai da mata suka taya shi cinyewa. Ta kuma fito a Le Wazzou polygame, inda wani Alhaji ya nemi ƙara aure da yarinyar da aka riga aka yi wa miji. Zalika ita ce kishiyar da kishi ya kai ta ga ƙulla kisan amarya. Wannan fim shi ya ci babbar lambar bikin fina-finai na FESPACO a Wagadugu a 1972, shekarar da aka fara bayar da lambar. Sa'an nan ta fito a Saitane, game da bokan da ya fake da malanta, da kuma L'Exilé a 1980.

To, a nan ne gizo ke saƙar. Sau da yawa matsayin da ake ba ta na mace mai baƙin hali ne: kishiya mai mugunta, matar da ke cin amanar miji, ko mai zaman kanta. Da yake ta iya wasan ƙwarai, sai 'yan kallo da yawa suka ɗauka halinta ke nan. Aka riƙa zaginta a titi, aka sa mata sunaye. Watau ƙwarewarta ita ta jawo mata baƙin jini. Namijin da ya fito a ɓarawo akan ce ya iya wasa, macen da ta fito a mazinaciya kuwa sai a ce ta tona asirin kanta.

Umaru Ganda ya rasu ran 1 ga Janairu, 1981. Bayansa harkar fim ta Nijar ta yi ta ja da baya, kuɗi suka ƙafe, gidajen silima suka riƙa rufewa. Zalika ta ɗan ƙara fitowa, kamar a Aube noire na Jingare Maiga a 1983, sa'an nan aiki ya yanke. Sa'ad da Rahmatu Keita ta yi fim a kan rayuwarta, mai suna Al'lèèssi, wanda ya fito a 2004, an gan ta a wani ɗan ƙaramin gida a Yamai, ba famfo ba lantarki. A 2000 ta tafi ƙasar waje, ta yi aikatau a gidajen mutane. Allah ya yi mata rasuwa a watan Yuli na 2021.

Kada mu ce wannan labarin maƙwabta ne. Tun da aka fara fim ɗin bidiyo na Hausa a Kano da Turmin Danya a 1990, matanmu 'yan wasa suke shan irin wannan tsangwama, wasunsu kuma tsufa ya riske su hannu wofi. Alhali kuwa kwaikwayon mata tsohon abu ne a ƙasar Hausa. A wasan gauta matan fada ne ke kwaikwayon sarki da hakimansa, kuma 'yan mata na da nasu wasannin tashe a watan azumi.

Saboda haka ina da roƙo guda biyu. Ku ɗalibai, dattijan matan da suka yi wasa a rediyo da talabijin na Kaduna da Kano suna ta ƙarewa. Ku je ku zauna da waɗanda suka rage, ku ɗauki maganarsu, ku rubuta, tun kafin a nema a rasa. Ku kuma ma'aikata, musamman na ma'aikatun al'adu da watsa labarai, ku sani ɗan wasa ma'aikaci ne. A rubuta masa yarjejeniya, a biya shi haƙƙinsa duk lokacin da aka maimaita wasansa, a kuma adana faya-fayan inda zafi da gara ba za su lalata su ba. Kura kwana guda a bikin karramawa ba ta biyan kuɗin haya.

Mun iya yabon gwani bayan ya kwanta dama. Abin da ya rage mu koya shi ne kula da shi tun yana raye.