Sauya Harshen Manhajar Gyaran Hoto a Wayar Hannu

Yawancin manhajojin gyaran hoto na wayar hannu suna bin harshen da aka saita wa babbar manhajar wayar ne, wato tsarin da ke tafiyar da dukkan ayyukanta, kamar Android ko iOS. Shi ya sa a da, duk wanda ya so ganin maɓallan yanke hoto, ƙara haske ko daidaita launi cikin Faransanci ko Larabci, sau da yawa sai ya sauya harshen wayar baki ɗaya.

Lamarin ya yi sauƙi a shekarar 2019, lokacin da kamfanin Apple ya fitar da iOS 13, wanda ya ba da damar ware wa kowace manhaja harshenta daga cikin saitin waya, kafin Google ya kawo irin wannan dama a Android 13 a shekarar 2022. Sai dai zaɓin ba ya aiki sai idan maƙera manhajar sun riga sun fassara ta, domin kalmomin da ke bayyana a fuskarta an tanade su ne tun wajen ƙira, kuma harshe irin Larabci yakan juya jerin maɓallan daga dama zuwa hagu.

Da wuya a tarar da Hausa cikin jerin harsunan irin waɗannan manhajoji, don haka masu ɗaukar hoto a Kano sukan dogara da Turanci, takwarorinsu na Damagaram kuwa da Faransanci. Cike wannan giɓi yana buƙatar masana harshe su daidaita kalmomin sana'ar, sannan kamfanonin su saka su cikin manhajojinsu.