IN GURBIN ALƘALI YA SAMU, WA ZAI CIKA SHI?

Jama'ar Wurno da Rabah da Goronyo, manoma da 'yan kasuwa.

Maganarmu ta yau a kan kujerar alƙali ce. In alƙali ya rasu, ko ya yi murabus, ko aka ɗauke shi zuwa wani gari, wa ke da ikon sa wani a gurbinsa? Kada wani ya ce wannan maganar manya ce. Mai albasan da ya ba da buhu ashirin bashi a kasuwar Achida, aka hana shi kuɗinsa, shi ya san zafin "ku dawo wata mai zuwa, ba alƙali." Haka magadan da ke jayayya kan gonar fadama, ga lokacin dashe yana wucewa. Balle wanda ke tsare yana jiran shari'a.

Waɗansunku sun tambaye mu: in ɗan majalisa ya mutu ai zaɓen cike gurbi a kan yi, don me ba za a yi wa alƙali haka ba? Tambaya ce mai kyau, mun kuwa san inda ta samo asali.

A zamanin En'e, En'e ke naɗa alƙali, ita ke biyansa, ita ke da 'yan doka, ita ke da gidan yari. Sarki kuma yana da majalisarsa ta shari'a. Mutanen Rabah ba sai an ba ku labari ba. A 1943 aka zargi Sardauna Ahmadu Bello, ɗan garinku, da taɓa kuɗin jangali, majalisar Sarkin Musulmi ta ɗaure shi. Sai da ya ɗaukaka ƙara zuwa babbar kotu a Zariya kana aka wanke shi. To, in jinin Shehu sai da ya kai Zariya, ina ga talakan da ba shi da ko kuɗin mota? A 1968 aka raba kotuna da En'e, suka koma hannun gwamnati.

Ga yadda doka take yanzu. Bisa tsarin mulkin 1999, Gwamna ke naɗa jojin babbar kotu da alƙalan kotun ɗaukaka ƙara ta Shari'a, amma sai wanda Majalisar Alƙalai ta Ƙasa ta ba da sunansa. Babban Joji da Alƙalin Alƙalai kuwa sai Majalisar Dokoki ta jiha ta yarda. In kujerar ɗayansu ta zauna ba kowa, mafi daɗewa cikin alƙalan kotun shi ke riƙo na wata 3, ba a kuwa maimaita masa sai da yardar Majalisar Alƙalai. Amma majistare da alƙalan ƙananan kotunan Shari'a, watau waɗanda mu talakawa muke gurfana gabansu, Hukumar Ma'aikatan Shari'a ta jiha ke naɗa su. Ko'ina a cikin wannan ba a ambaci ƙuri'arku ba.

Akwai ƙasar da a ke yin abin da kuka tambaya. A Amurka jihohi da yawa ke zaɓen alƙalansu, tun da jihar Misisifi ta fara zaɓen dukan nata a 1832. A jihar Luwiziyana in gurbi ya samu, Gwamna ya kan kira zaɓe na musamman cikin wata 12. Kafin nan kotun ƙolin jihar ta sa mai riƙo, shi kuwa mai riƙon an hana shi tsayawa takara. Wannan dabara ta burge mu, don ba zai yi hukunci yana leƙen ƙuri'a ba.

Amma ku saurari sauran labarin. A jihar Bajiniya ta Yamma, kotu ta ce wani kamfanin haƙar kwal ya biya diyyar dala miliyan 50. A 2004 shugaban kamfanin, Don Blankenship, ya zuba wajen dala miliyan 3 don wani lauya, Brent Benjamin, ya ci zaɓen kotun ƙolin jihar. Ya ci. Da afil ɗin kamfanin ya zo gabansa aka ce ya janye, ya ƙi, ya shiga cikin waɗanda suka soke diyyar. Sai a 2009 Kotun Ƙolin Amurka ta ce bai kamata ya zauna wannan shari'a ba. Meziko ma ta gwada zaɓen alƙalai ran 1 ga Yuni 2025, kimanin mutum 13 cikin 100 kaɗai suka fita.

Yanzu ku kawo abin gida. Wa zai saya wa mai neman alƙalanci mota da lasifika ya zaga daga Gandi har Goronyo? Mai kuɗi. Ran da kai da mai kuɗin nan kuka gurfana kan iyakar gona, wa alƙali zai duba? Kun dai san yadda atamfa da sabulu ke yawo daren zaɓe. Saboda haka mu ba mu goyi bayan a jefa wa alƙali ƙuri'a ba.

Wannan ba shi ne a ce mu yi shiru ba. A 2025 Majalisar Alƙalai ta Ƙasa ta yanke shawarar buga sunayen masu neman zama alƙalan manyan kotuna, domin wanda ya san aibin wani ya rubuto kafin a naɗa shi. Abin da muke nema shi ne a yi haka ga ƙananan kotuna ma. In gurbi ya samu a Wurno ko Rabah ko Goronyo, a sa ranar da za a cika shi, a liƙa sunayen a ƙofar kotu, a karanta su da Hausa a Rediyon Rima. Wanda ya san mutum da karɓar toshi ya rubuta, ya sa hannu, ya kawo shaida, ban da ƙage da jita-jitar rumfa. Sarkin kasuwa da shugabannin masu albasa da na masu shinkafa su haɗa takarda guda kan wannan buƙata, su miƙa wa ɗan majalisarsu na jiha. Wanda bai iya boko ba ya rubuta da ajami ko ya dangwala yatsa.