Jawabi a kan jinkirta zartar da hukuncin kotu

Ƴan kasuwa da ma'aikata da ke zauren nan sun san cewa cin shari'a daban, karɓar haƙƙi daban. Alƙali ya yanke hukunci, wanda aka kayar ya yi ta cewa gobe, jibi, har mai gaskiya ya gaji. Doka ta tanadi tarar kowace ranar jinkiri domin irin wannan taurin kai. To amma idan mai jinkirin shi ne ke riƙe da baitulmali da ƴan sanda, wa zai karɓo tarar?

Ku tuna shekarar tazarce. Ranar 12 ga Yuni 2009, Kotun Tsarin Mulki ƙarƙashin Salifu Fatimata Bazai ta soke dokar kiran ƙuri'ar raba-gardama. Shugaba Tanja Mamadu bai bi ba. Ranar 29 ga watan ya rushe kotun, aka yi ƙuri'ar ranar 4 ga Ogusta. Ranar 18 ga Fabrairu 2010 sojojin Salu Jibo suka kifar da shi.

Daga nan reshe ya juya da mujiya. A Nuwamba 2010 kotun CEDEAO ta ce a saki Tanja, sojoji suka yi kunnen ƙashi, har aka kai shi gidan kason Kollo. Bai fito ba sai Mayu 2011, bayan mulki ya koma hannun farar hula. Wata shida ke nan dattijo yana tsare, takardar sakinsa tana hannun lauyoyinsa.