Ɗaukar Yara a Mota a Birnin Yamai: Da Wace Doka Za a Fara?



An ba ni batun kujerar yara a mota da dokokinta. Zan ɗauko maganar daga ƙofar gida, wato Maourey, ɗaya daga cikin tsofaffin unguwannin da Yamai ta tashi a kansu tare da Kalley da Gaweye da Zongo. Shataletalenta yana tsakiyar birni, ga Babbar Kasuwa kusa, saboda haka kowane irin abin hawa yana ratsa ta. Wanda ya tsaya a wurin da safe, lokacin kai yara lakwal, zai ga uba a bayan sitiyari da ɗan shekara biyu a cinyarsa, yaron ya kama sitiyarin, na gefe suna dariya suna ce masa direba. Zai ga yarinya a tsaye tsakanin kujerun gaba biyu, ta dafa kowace da hannu guda. Zai ga mace ta tsayar da taksi, ta kwance goyo, ta juyo da jariri ƙirjinta, ta shiga gidan gaba domin nan kaɗai wuri ya rage. Wata ma ba za ta kwance ba, sai ta ɗosana a bakin kujera da ɗanta a baya. Babu ɗaya cikin waɗannan iyaye da ke wasa da ran ɗansa. Kowannensu gani yake jikinsa ne wurin da yaron ya fi samun kariya, kuma a ko'ina ban da cikin mota, gaskiyarsa.

Ga abin da ke faruwa a mota. A ce tana tafiyar kilomita 50 a awa, gudun da ba wanda zai kira shi ganganci a cikin gari. Ta daki abin da ba ya motsi, gabanta ya lotsa kamar rabin mita, ta tsaya cak. Motar ce ta tsaya. Duk abin da ke cikinta wanda ba a ɗaure ba yana nan a kan gudunsa na kilomita 50. Lissafin da ɗan sakandare zai iya yi ya nuna cewa tsayar da shi a wannan 'yar tazara yana buƙatar ƙarfin da ya ninka nauyinsa kamar sau 20. Yaro mai kilo 10 ya koma kilo 200 ke nan, buhu huɗu na shinkafa, kuma duk abin bai kai tsawon ƙiftawar ido ba. Babu uwar da hannunta zai riƙe wannan, kome ƙaunarta. In ita ma ba ta ɗaura bel ba, to jikinta ne zai biyo yaron ya matse shi da gaban mota. In kuwa ta zagaya bel guda a kansu su biyu, kamar yadda wasu ke yi da kyakkyawar niyya, nauyinta ne zai danna cikin yaron a kan bel ɗin. Mai goyo a baya kuma, in aka daki motar ta baya, ɗanta ne tsakaninta da jinginar kujera.

Jikin jariri ya ƙara wa lamarin nauyi. Kansa babba ne a kan jikinsa, ya kai kusan kashi ɗaya cikin huɗu na tsawonsa, wuyan da ke ɗauke da shi kuwa bai yi ƙwari ba. Kowace uwa a nan ta san wannan, shi ya sa take tallabe kan jinjiri in za ta miƙa wa wani. Idan jariri yana fuskantar gaba aka yi karo, kai zai fizga gaba, wuya ya ɗauki dukan nauyin. Wani likita ɗan ƙasar Suwidin, Bertil Aldman, ya lura da yadda ake kwantar da 'yan sama jannati a kan bayansu lokacin harba kumbo, domin matsin ya bazu a gadon baya gaba ɗaya. Daga nan ya fito da kujerar yaro mai fuskantar baya a 1964, shekara biyar bayan Nils Bohlin na kamfanin Volvo ya ƙera bel ɗin nan mai bi ta kafaɗa da ƙugu da muke amfani da shi yau. Har yanzu a Suwidin iyaye kan bar yara suna fuskantar baya zuwa wajen shekara huɗu.

Doka ta biyo baya ne a hankali. Jihar Tennessee ce ta fara a Amurka, a 1978. Majalisar Ɗinkin Duniya tana da ƙa'idoji biyu na gwada ingancin kujerun: mai lamba 44, wadda ke raba su bisa nauyin yaro, da mai lamba 129 ta 2013, wadda ke bin tsawo, ta kuma wajabta fuskantar baya har wata 15. A Faransa yaron da bai kai shekara 10 ba sai da kujerar da ta dace da shi, kuma gidan baya ne mazauninsa in ba da wani uzuri da doka ta ambata ba. A Jamus sai ya cika shekara 12 ko ya kai santimita 150. Dalilin jan abin har waɗannan shekaru shi ne an yanka bel ne da girman babba. A jikin ɗan shekara shida, igiyar kafaɗa kan bi ta wuyansa, ta ƙugu kuma ta hau cikinsa, inda hanji yake, maimakon ta zauna a kan ƙashi. Shi ya sa yara ke tura ta bayansu. Matashin da ake sa musu su hau, mai ɗaga zama, aikinsa kawai ya mai da bel ɗin inda ya kamata.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kimanin mutum miliyan 1.19 ke mutuwa a hanya kowace shekara, haɗarin hanya ne kan gaba wajen kashe 'yan shekara 5 zuwa 29, kuma Afirka ce ta fi kowane yanki asara in aka auna da yawan jama'a. Ita ce kuma ta ce kujerar yara na iya rage mutuwar jarirai a haɗari da kashi 71 cikin 100. Wannan adadi ba na rainawa ba ne, kuma ba na jayayya da shi.

Inda nake da ja shi ne da masu cewa a kwafo dokar Faransa sukutum a ba 'yan sanda su aiwatar. Nijar tana da dokar hanya ta 2014, tana da hukumar ANISER mai kula da tsaron hanya, don haka gidan da za a ɗora aikin yana nan. Amma a duba wa za a ɗora wa. Yawancin yaran Yamai ba a motar gidansu suke yawo ba. Taksi ne na haɗaka, ko faba-faba, ko kabu-kabu, ko ƙafa, kuma masu tafiya a ƙasa da na kan babur suna da kaso mai yawa cikin waɗanda hanya ke ci a Afirka. Sannan a taksi, cinya magana ce ta kuɗi: yaron da aka ɗora a cinya ba a biya masa, wanda ya zauna a kujera ana biya. Uwa mai yara uku da za ta asibiti ta san wannan lissafi fiye da mu duka. A ƙasar da matsakaiciyar haihuwa ta kai wajen shida ga kowace mace, ko mai motar kansa zai tambaye ka yadda kujeru uku za su shiga bayan Corolla, da inda sauran yaran za su zauna. Su kansu waɗanda muke son kwaikwaya sun yi wa motar haya sassauci. Faransa ba ta tilasta kujerar yara a taksi ba. Afirka ta Kudu, da ta wajabta ta ga 'yan ƙasa da shekara uku a 2015, ta cire motocin bas na haya daga ciki. Dokar da mutane ba za su iya bi ba, abin da take haifarwa sananne ne a shingayen hanya, ba sai na faɗa ba.

Ra'ayina shi ne a fara da abin da ba ya cin ko dala: a fitar da yaro daga gidan gaba. Nan ne gilashi yake, nan ne jakar iskar nan take, wadda ke fashewa da ƙarfin da aka auna don ƙirjin babba. A Najeriya, hukumar kiyaye haɗurra da aka kafa a 1988 ta daɗe tana nanata cewa 'yan ƙasa da shekara 12 su zauna a baya. Wannan umarni ne da ɗan sanda zai iya ganin an karya shi daga nesa, kuma direba ba zai ce ba shi da hali ba. A taksi ma yana yiwuwa. Idan mai goyo ta tsayar da mota, gaba kaɗai ya rage, abin da ake buƙata shi ne direba ya waiwaya ya ce, “Malam, don Allah dawo gaba, ka bar wa Hajiya baya.” Ban ga namijin da zai ƙi ba. Ƙungiyoyin direbobin taksi za su iya mai da wannan al'adar sana'a cikin 'yan watanni, in an zauna da su an nuna musu dalili. Ba na cewa cinya a gidan baya kariya ce. Ta dai fi cinya a gidan gaba, kuma ita ce muke iyawa gobe da safe. Tare da wannan sai a haɗa hana tuƙi da yaro a cinya, da hana loda yara a bayan a-kori-kura, da danna ɗan makullin nan na gefen ƙofar baya wanda ke hana buɗe ta daga ciki. Motoci da yawa suna da shi, masu su ba su taɓa duba shi ba.

Mai motar kansa kuwa, ba ni da sassauci a kansa. Wanda ya iya sayen mota, yana zuba mata mai, yana biyan inshora, kujerar jariri ba za ta gagare shi ba. A kansa ya kamata wajibcin kujera ya fara, musamman ga doguwar tafiya. Hanyar da ta tashi daga nan ta bi Dosso, Dogondutsi, Birnin Ƙonni zuwa Maraɗi ba a kilomita 50 ake bin ta ba, kuma in gudu ya ninka biyu, ƙarfin karo ninkawa yake sau huɗu. Lokacin hutun lakwal da na salla ne aka fi cika mota da yara a hau wannan hanya. Abin da gwamnati za ta yi a nan shi ne ta sauƙaƙa kuɗin fito a kan kujerun, domin bai dace a wajabta abu a kuma bar shi da harajin kayan ƙawa ba.

Yawancin kujerun da za su shigo hannunmu na gwanjo ne, kamar motocin kansu, don haka sai an san abin dubawa. A juya kujerar, a nemi wata 'yar takarda ruwan lemo da aka manna a baya ko a ƙasa, mai harafin E cikin da'ira da lambar ƙasar da ta gwada ta, da R44 ko R129, da nauyi ko tsawon yaron da aka yi ta dominsa. In babu, a bar ta. A duba tsagewa a jikin robar, a ja igiyoyin, a kulle makullin a buɗe. Kujerar da ta taɓa shiga haɗari ta gama aikinta ko da ido bai ga lahani ba, wadda ta sha rana a bakin kasuwa kuma robarta ta bushe. Sannan a zura hannu tsakanin mazauni da jinginar kujerar baya ta motar. In an ji ƙarafa biyu masu kama da zobe, su ne ISOFIX, inda kujerar ke maƙalewa ba sai da bel ba. Motocin Turai da yawa da ke yawo a Yamai suna da su. Bayan an ɗaure yaro, a gwada tsunkule igiyar a kan kafaɗarsa. In ta tattaru tsakanin yatsu, ta yi sako-sako. Kada kuma a taɓa sa kujera mai fuskantar baya a gidan gaba alhali jakar iska tana aiki.

Akwai abin da littafin da ke zuwa da kujerar ba ya ba shi nauyin da ya kamata a wurinmu, wato zafi. A watan Afrilu da Mayu Yamai kan wuce digiri 40. Ƙarfen makulli da ya yini a rana yana ƙona fatar jariri, sai a rufe kujerar da zani in an ajiye mota, a kuma taɓa da hannu kafin a zaunar da shi. Yaron da aka ɗaure ba ya iya fita da kansa, jikinsa kuma ya fi na babba saurin ɗaukar zafi. “Bari in shiga in fito yanzu” ba uzuri ba ne. In za a koya wa mutane ɗaurewa, wajibi ne a koya musu wannan a zama guda.

Wa zai koyar? Ni ban ɗora wa ɗan sanda ba. Uwa tana jin maganar ungozoma fiye da ta mai usur. Gidan haihuwa na Issaka Gazoby da asibitocin unguwa da ake kai yara awo da allurar rigakafi sun riga sun tara iyayen wuri guda, kuma tafiyar farko da jariri ke yi a mota daga nan take farawa. Kujera guda a ɗakin jira, da ma'aikaciya guda da ta iya ɗaure ta, za su yi abin da allon talla goma ba zai yi ba. Daga nan ma ana iya fara ba da aro, tunda kujerar jariri 'yar shekara guda ce da 'yan watanni, sai ta wuce ga wani gida. Masu cewa abin da Allah ya rubuta sai ya faru kuwa, malamanmu da ke nan sun fi ni sanin amsarsu, kuma mutanen nan su ne dai ke kulle motar tasu in za su shiga kasuwa.

Roƙona ga jami'an asibiti da na jandarma da 'yan sanda guda ne. Duk yaron da aka kawo daga haɗarin mota, a ƙara layi biyu a takardarsa: gaba yake ko baya, a cinya ko a ɗaure. In Babban Asibitin Yamai da na Lamorde suka yi haka shekara guda, ANISER za ta je gaban masu yin doka da alƙalumanmu na gida, ba na Suwidin ba.