Wayar Da Muke Aika Wa Yara Gida



An nemi mu yi magana a kan tarbiyyar matasa, sai muka zaɓi abu guda, wato babbar wayar hannu, domin galibi daga hannunku take fitowa, ku mazauna Kaduna da Abuja da Legas. In Salla ta gabato a sayi sabuwa, tsohuwar kuma a aika wa ƙane ko ɗan wa da ke aji uku na sakandare a Mafara. Zumunci ne, Allah ya saka da alheri. To amma mun taɓa tambayar abin da ake yi da ita bayan lisha?

Lokacin da wayar salula ta shigo Nijeriya a shekarar 2001, mu mun riga mun daɗe muna cin alli. A da, in yaro ya yi gyangyaɗi a aji, mun san ko dai yunwa ce ko sammakon gona. Yanzu ƙannenmu da ke cikin aikin suna shaida mana cewa TikTok da WhatsApp da Facebook ne ke hana idon yara runtsawa har tsakar dare, alhali likitoci sun ce matashi na bukatar barcin awa 8 zuwa 10. Wanda bai samu ba, ga saurin fushi, ga mantuwa, karatu kuwa sai ya bi ruwa. A shekarar 2023 babban likitan gwamnatin Amurka, Vivek Murthy, ya fitar da gargaɗi cewa matashin da ke wuce awa 3 kullum a waɗannan kafofi, haɗarin kamuwarsa da ciwon damuwa ya ninka.

Sai dai mu namu ya wuce rashin barci. Ba mu manta da shekarar 2021 ba. A watan Fabrairu aka kwashe 'yan matan makarantar Jangebe, aka sako 279 bayan 'yan kwanaki. A watan Agusta aka afka wa Kwalejin Aikin Gona ta Bakura, ranar 1 ga Satumba kuma aka ɗebi ɗalibai a Kaya ta ƙasar Maradun. Irin mutanen da suka yi mana wannan ta'asa an sha ganinsu a TikTok suna baje damman kuɗi, bindiga rataye a kafaɗa. Ku duba yaro ɗan shekara 15 da ubansa ke yini cikin taɓo a gonar shinkafa ta Bakolori, ya dawo da abin da bai taka kara ya karya ba. Da dare yaron nan yana kallon wancan hoton shi kaɗai, babu babba kusa da zai ce masa kuɗin nan na jini ne. Wannan shi ke hana mu barci, mu tsofaffi.

A watan Satumban shekarar ne aka rufe layukan waya a duk faɗin Zamfara. An sha wuya ƙwarai, ciniki ya tsaya, ku ma kun kasa jin lafiyar iyayenku, kuma ba ma fatar a maimaita. Amma a gidajenmu mun ga jikoki sun koma hirar tsakar gida, ƙarfe goma kowa ya kwanta.

Ƙasar Ostareliya ta yi dokar hana 'yan ƙasa da shekara 16 mallakar shafi a kafofi irin su TikTok da Facebook, ta fara aiki a watan Disambar 2025. Mu ba sai mun jira majalisa ba. Roƙonmu ga wannan ƙungiya shi ne ta sa cikin shawarwarinta na bana cewa yaron da bai gama sakandare ba, ƙaramar waya ta kira za a aika masa. In kuwa ya riga ya mallaki babba, to ta riƙa kwana ɗakin mahaifiyarsa. Naku na birni ma haka, domin mun ga yadda suke zuwa hutu, a gaida kaka ido na kan waya.