Iyakar da ke tsakaninmu da Katsina: wa ya shata ta?



 An ce in yi magana a kan tarihi. Ni ɗalibi ne, ba malami ba, don haka zan tsaya ga abin da ke ƙofar gidanmu, wato iyakar nan ta bayan Ɗan Isa, wadda kusan kowa a cikinmu ya taɓa tsallakawa, wani ta gaban ƴan duwan, wani ta hanyar da shi da mai kabu-kabunsa kaɗai suka sani.

Duk lokacin da aka rufe ta, maganarmu ɗaya ce: "Nasara ne suka raba mu, da can mu ɗaya ne." Akwai gaskiya a ciki, amma rabi ce. Ɗaya rabin ba shi da daɗin ji, shi ya sa muke tsallake shi. Kafin Bature ya kafa dutse ko ɗaya, an yi kusan shekara tamanin ana zubar da jini tsakanin Maraɗi da Katsina.

Ga yadda abin ya faro. A 1804 Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya yi hijira zuwa Gudu, jihadi ya tashi. Wajen 1807 birnin Katsina ya faɗa hannun masu tuta, Malam Ummarun Dallaje ya zama sarki. Sarakunan da aka kora suka yo arewa, Magajin Halidu ya rasu a Ɗankama, ragowar jama'a suka bi Ɗan Kasawa har Damagaram. Daga baya suka juyo yamma, wajen 1819 suka kafa gadon sarauta a Maraɗi. Labarin da tsofaffi ke bayarwa shi ne, mutanen gulbin nan ne suka gaji da wakilin da sabuwar Katsina ta aza musu, wani mai suna Mani, suka kira Ɗan Kasawa, aka gama da shi a Sumarana, nan kusa da mu. Ku lura da sunan sarautar har gobe: Sarkin Katsinan Maraɗi. Ba su taɓa ɗaukar kansu baƙi a wata ƙasa ba. A ganinsu nan arewacin Katsina ne, birnin kuwa aro aka yi musu, wata rana za su koma.

Ba su koma ba, amma ba don ba su gwada ba. A 1836 Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya gamu da rundunar Gobir da Maraɗi a Gawakuke, Sarkin Gobir Ali da Sarki Rauda duk suka kwanta dama a wurin. Bayan nan ne Gobirawa suka kafa Tsibiri. Zamanin Ɗan Baskore kuma Maraɗi ce ke kai hari kudu, shekara da shekaru. Garuruwan da ke tsakani suka watse, gonaki suka koma daji. Wani Bajamushe matafiyi, Barth, ya ratsa daga Tasawa ta Gazawa zuwa Katsina a farkon 1851, ya tarar ayari ba ya shiga wannan daji sai da shiri da tsoro. To, wannan ba iyaka ba ce? Iyaka ce mana. Ba ta da tuta, ba ta da shinge, amma mai tsallaka ta yana iya kwana cikin igiyar bauta.

Yanzu sai Turawa. A 1890 Ingila da Faransa suka ja layi a takarda daga Say zuwa Baruwa, bakin tafkin Cadi, ba tare da sun san abin da ke ƙasa ba. A 1898 suka sake zama, suka kafa tsinke a kan Sakkwato suka zagaya da'ira mai nisan mil 100, suka ci gaba da layin zuwa gabas. A wancan zane Maraɗi tana ɓangaren Ingila. Ku sake ji: da an tsaya nan, da yau Ingilishi muke ci a lakwal, naira ce a aljihunmu. Sai Faransawa suka ga hanyar da aka bar musu daga kogin Kwara zuwa Damagaram ba ruwa, ba rijiyar kirki, ayarinsu ba ya kaiwa. Suka koma teburin ciniki. A 1904 aka daidaita: Faransa ta saki haƙƙinta na kamun kifi a gaɓar Niyufanlan, wani tsibiri da ke cikin Kanada a yau, Ingila kuma ta matsa da layi kudu, tare da wasu musaye-musaye. Idan kun ji haushin jarrabawar Faransanci, to, kifi yana da hannu a ciki.

Amma ga wurin da nake so mu daɗe. Da me Faransa ta kafa hujja? Da tarihinmu. Ta ce Ingila Sakkwato ta ci, Maraɗi da Gobir kuwa ba su taɓa bin Sakkwato ba, don haka ba su cikin rabonta. Yarjejeniyar 1904 ɗin kanta ta ce a duba yadda ƙasashen suke a rabe, a bar mutanen Tasawa da Maraɗi da Damagaram ga Faransa gwargwadon iko. Aka ƙara gyara ta a 1906. Daga nan Kyaftin Tilho na Faransa da Manjo O'Shee na Ingila suka bi ƙasa har 1908, suna kafa alamomi guda 148 daga Kwara zuwa Cadi. Tafintan ayarin Tilho yana zama da fadawa da dattawa yana rubuta jerin sarakuna da yaƙe-yaƙe. Wato abin da kakanninmu suka tuna, wa ya bi wa, wa ya ƙi biyan gandu, shi aka ɗauka aka mai da shi duwatsu. Bature bai tambaye mu ko muna so ba, kuma don amfanin kansa ya yi. Amma tsagar da ya sa wuƙarsa a ciki, ya tarar da ita a bangon.

Wannan ya bar mu da wani abu da ba kasafai muke faɗa a fili ba, musamman mu matasa masu neman ilimin addini. Da safe kana jin kirarin Ɗan Kasawa da Ɗan Baskore, mazan da suka ƙi miƙa wuya, kanka ya yi girma. Da yamma kana zaune gaban malam kana karanta littattafan Shehu da na ƙanensa Abdullahi da na Bello, kana yi musu addu'a. Ɗan'uwanka na Katsina kuma ya tashi da jin cewa mutanen Maraɗi mahara ne da suka hana ƙasa barci. Yaƙi ɗaya, labari biyu. Wanne za ka jefar?

Ni dai a ganina ba dole ne a jefar da ko ɗaya ba, abin da ya wajaba shi ne kada a yi ƙarya a kan kowanne. Waɗanda suka fito daga Katsina ba daga duhu suka fito ba. Birnin da ke da hasumiyar Gobarau ne, birnin Wali Ɗan Marina da Wali Ɗan Masani, waɗanda suka yi zamani fiye da shekara ɗari kafin jihadi. Haka kuma zaluncin da Shehu ya yi wa'azi a kansa, na harajin da ya wuce kima da ƙwacen dukiyar talaka, ba ƙirƙira ya yi ba. Ko a lokacin malamai ba su zama baki ɗaya ba: Shehu Laminu na Barno ya yi ta musayar wasiƙu da Muhammadu Bello a kan ko ya halatta a yaƙi Musulmi don ya yi saɓo. Idan manyan da suka ga abin da idonsu sun yi muhawara da alƙalami, mu da muka zo bayan shekara 200 ba mu da dalilin zagin juna a WhatsApp. Af, kuma shi Shehun, ina aka haife shi a 1754? Maratta, wajen Galmi. Da katin ɗan ƙasa ake yi a lokacin, da na Nijar zai riƙe.

Abin da ya sa na nace a nan, ba don jarrabawa ba ne. Tun 2019 mutane ke kwararowa jahar Maraɗi daga Zamfara da Sakkwato da Katsina suna gudun ƴan bindiga, kuma ƙauyukanmu na bakin dajin Baban Rafi sun san satar shanu da satar mutane. A irin wannan hali tsofaffin kalmomi suke farkawa. Sai ka ji yaro yana cewa ai Fulani da Haɓe tun fil'azal abokan gaba ne. Ina ya samo? Akwai Hausawa birjik a jama'ar Shehu, akwai Fulanin da ba su bi shi ba. Ɓarawon da ya shigo ƙauye da dare ba tutar kowa ya ɗauko ba, kuma Bafulatanin da ke kawo mana nono kasuwa sau da yawa shi aka fara kora wa garke. Wanda ya ara wa ɓarawo rigar tarihi ya taimake shi.

Bayan ƴancin kai a 1960, shugabannin Afirka sun zauna a Alƙahira a 1964 suka amince kowa ya riƙe iyakar da ya gada. Ƙasashenmu biyu kuma suka kafa hukumar haɗin gwiwa a 1971, mai mazauni a Yamai. Iyakar ta zauna ke nan, kimanin kilomita 1500, kuma ban zo in ce a tumɓuke ta ba. Amma mu ne muke jin nauyinta, mu da Katsina ba ta kai mana kilomita 100 ba, Yamai kuwa ta haura 600. Ku tambayi iyayenmu 1984, da aka rufe iyaka aka canja naira cikin fari, har mutane suka laƙaba wa yunwar shekarar suna El-Buhari. An sake rufewa daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020. Ta 2023 kuwa ba sai an ba ku labari ba: takunkumin CEDEAO bayan juyin mulkin 26 ga Yuli, wutar da ke zo mana daga Katsina ta ɗauke, kuɗin shinkafa da magani suka tashi, ana ta maganar turo soja.

Me ya tare wancan yaƙi? Dalilai suna da yawa, amma ɗaya a fili yake. Mutanen arewacin Nijeriya suka ce ba da su ba. Sanatocinsu suka ƙi, malamai suka yi tawaga zuwa Yamai ƙarƙashin Shehi Bala Lau, Sarki Sanusi ya je tare da Sarkin Damagaram. Hujjarsu ba ta cikin wata yarjejeniya. Cewa suka yi can ɗin kawunnanmu ne da surukanmu. Jikokin waɗanda suka gwabza a Gawakuke ne suka tashi suka ce ba a harbin ɗan'uwa. Tarihin gaba yana nan, na zumunci yana nan, a ranar sai suka ɗauko na biyun. A watan Maris na 2024 aka buɗe iyakar.

Akwai kuma abin da ba ya jiran a buɗe ko a rufe. Gulbin da ke shayar da fadamunmu daga ƙasar Katsina yake tasowa, ya biyo ta Jibiya, ya ratsa mu, ya wuce Tsibiri, ya koma Nijeriya ya faɗa gulbin Rima. Tun da aka gina madatsar Jibiya, yawan ruwan da mai lambun zogale a Safo zai gani yana da alaƙa da hannun da ke riƙe da ƙofar dam ɗin. An sa hannu kan yarjejeniyar rabon ruwan a Maiduguri a 1990. Mu nawa ne a nan muka san da ita, balle mu tambayi ko ana aiki da ita? Ga layin dogon Kano zuwa Maraɗi da aka aza harsashinsa a 2021. In ya iso, wa zai yi lodi, wa zai tsaya kallo?

Roƙona ga ƙungiya guda ɗaya ne, kuma ba ya cin kuɗi. Kowannenmu yana da waya mai ɗaukar murya. Kafin taron baɗi, kowa ya zauna da tsoho ko tsohuwa ɗaya a gidansu, ya tambaya: daga ina kakanmu ya zo, me ya taso shi, su wa muka bari a can, wace shekara aka daina zuwa musu biki da ta'aziyya? Kada ku gyara abin da suka faɗa, ko da ya saɓa wa abin da ke cikin littafin lakwal. Ku rubuta sunan garin da ranar da kuka ɗauka, ku kawo wa magatakarda ya tara. In an sami dangin da zumunci ya yanke a Jibiya ko Ɗankama ko Batsari, a nemi lambarsu a kira.

Allah ya gafarta wa magabatanmu na kowane ɓangare, ya zaunar da ƙasashenmu lafiya.