GINA GIDA DAGA NESA: YADDA ZA MU TSARE DUKIYA MU TSARE ZUMUNCI

  



An nemi mu yi tsokaci a kan ginin gida, musamman ga 'ya'yanmu mazauna Abuja, Legas, Kano da Fatakwal, masu aiko da kuɗi a gina musu muhalli a mahaifa. Duk wanda ya bi hanyar Sakkwato zuwa Jega, ya ratsa Boɗinga ya wuce Shagari, zai ga gidaje masu kyau da suka ƙawata garuruwanmu. A kusa da su kuma zai ga gine-ginen da suka kai linta suka tsaya, ciyawa ta cinye ɗakunan, awaki sun mai da su makwanci. Da yawan waɗannan kangaye, in aka bincika, za a tarar akwai wa da ƙane da suka daina gaisawa a kansu. Wannan hasara biyu, ta dukiya da ta zumunci, ita ce abin da muke so mu duba.

Jiya da yau

Garuruwan nan namu sun daɗe da sanin gini. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya zauna a Boɗinga, Shehu Usmanu kuma ya zauna a Sifawa kafin ya koma Sakkwato a 1815. Tun daga wancan zamani har zuwa ƙuruciyarmu, in mutum zai yi gida, bayan kaka ake kwaɓa ƙasa a yi tubali, a nemo azara, a kira gayya. Maginin ɗan gari ne, kowa ya san gidansu. Mai gida kuwa yana tsaye tun safe har la'asar, yana ganin kowane tubali da aka ɗora.

Yau bulo da siminti da rodi sun maye gurbin tubali da azara, kuɗi na zuwa ta waya, mai gida yana can wata uwa duniya. Abin da muka rasa shi ne idon mai gida. Tun da ba zai yiwu ma'aikaci ko ɗan kasuwa ya bar aikinsa ya zo ya tsaya ba, tilas a sami abin da zai tsaya a madadinsa, wato tsari da rubutu da sa ido.

Fili

Matakin farko shi ne tabbatar da fili. Yawancin filayenmu na gado ne. Kada a haƙa harsashi a filin da ba a raba ba, ko da kuwa duk 'yan'uwa sun ce sun yarda da baki, domin masu yardar za su shuɗe, 'ya'yansu su taso da wata magana. A raba gado bisa shari'a, a ba mata da marayu haƙƙinsu, sannan a yi gini. In saye aka yi, a rubuta takarda gaban mai unguwa da hakimi da shaidu, a kira maƙwabta na kusurwa huɗu a kafa alamar iyaka suna gani. Dokar mallakar ƙasa ta 1978 ta sanya filayen birni a hannun gwamna, ta kuma ba ƙaramar hukuma ikon bayar da takardar izinin zama a filayen karkara. Don haka a nemi takardar hukuma, kada a tsaya ga ta ciniki kaɗai.

A kuma ziyarci filin da damina, cikin watan Agusta. Filin da yake shimfiɗe gwanin sha'awa da rani yana iya zama hanyar ruwa ko matattararsa. Tsofaffin unguwa sun san inda ruwa yake bi tun kafin a haife mu, a tambaye su.

Zane da lissafi

Mataki na biyu shi ne zane. A sami mai ilmin zanen gida ya fitar da shi a takarda, sannan a ƙididdige bulo nawa, siminti buhu nawa, rodi da katako da kwano nawa za a ci. A nan muna roƙon maza su shawarci iyalansu. Matar gida ce za ta yini a cikinsa, ita ta san inda madafa ta dace, da faɗin tsakar gida, da wurin shanya. A ware zaure ko ɗakin baƙi yadda mai shigowa ba zai ratsa cikin gida ba. A nisanta masai da rijiya kamar mita 30. A ɗaga silin sama, a fuskantar da yawancin tagogi kudu da arewa saboda zafin rana.

Sai a auna zanen da aljihu. Daidai ruwa daidai tsaki. Marigayi Alhaji Shehu Shagari, Allah ya jiƙansa, wanda ya shugabanci Nijeriya daga 1979 zuwa 1983, ya sanya muhalli cikin manyan manufofinsa, aka tsara gina gidaje 2,000 a kowace jiha duk shekara. An gina da dama, har yau ana kiransu da sunansa a garuruwa da yawa, amma ba a kai adadin da aka yi niyya ba, domin kuɗin man fetur ya faɗi ana cikin aiki. In haka ta sami gwamnati mai baitulmali, ina ga mai albashi? Mun kuma ga yadda buhun siminti da ake saye wajen naira 5,000 a 2023 ya haura naira 10,000 a farkon 2024, duk da cewa ga masana'antar siminti nan kusa da mu a Kalambaina.

Saboda haka a zana gidan gaba ɗaya, amma a gina shi kashi-kashi. Ɗaki biyu da falo da aka rufe aka shiga sun fi ɗaki takwas da suka shekara goma rana na dukansu. Sannu ba ta hana zuwa. In an gama zane kuma a tsaya a kansa. Mai gidan da zai bugo waya yau ya ce a ƙara ɗaki, gobe ya ce a rushe bango a faɗaɗa falo, shi ne ya fara ɓarnar kuɗinsa da kansa.

Wakili da rubutu

Nan ne gizo yake saƙa. An saba a ɗora wa ƙane ko ɗan'uwa ɗaya komai: shi ne mai karɓar kuɗi, mai sayen kaya, mai biyan magina, kuma mai ba da labari. Wannan kaya ya yi wa mutum ɗaya nauyi, ko da waliyyi ne. Shawararmu ita ce a raba: mai riƙe kuɗi da saye daban, mai duba ingancin aiki daban, kuma mai dubawar ya zama wanda ya san gini.

A yanka wa wakili ladan wahalarsa tun farko. Mutumin da ya bar gonarsa ko kasuwarsa wata da watanni yana zirga-zirga a babur da man aljihunsa, ba a ce masa ko sannu ba, an buɗe wa Shaiɗan ƙofa. A saya masa littafi ya riƙa rubuta abin da ya shigo da abin da ya fita, da kwanan wata, ya adana rasit. Wasu na ganin neman rubutu tsakanin 'yan'uwa rashin yarda ne. Mu tuna cewa aya mafi tsawo a Alƙur'ani mai girma, cikin Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaidu ta sauka, kuma muminai aka yi wa umarnin. Littafin nan shi ne zai wanke wakili mai gaskiya ranar da aka zarge shi.

Haka kuma tsakanin mai gida da magini. In jinga ce, a rubuta abin da ta ƙunsa da wa'adinta. A biya mataki-mataki: harsashi, linta, rufi, filasta. Kada a biya kuɗin mataki sai an ga na baya ya kammala, a kuma amince tun farko cewa za a riƙe wani ɗan kaso sai rufi ya ga ruwan farko. Leburori kuwa a sallame su a kan kari, kada a gina gida da haƙƙin talaka.

Wuraren da ido ya wajaba

Akwai ayyukan da in an rufe su ba a sake ganinsu. Na farko harsashi: a haƙa har a tarar da ƙasa mai ƙarfi, a zuba maganin gara, a ɗaga daɓe sama da titi. Na biyu bulo: buhun siminti kilo 50 ne, in aka ja shi ya fitar da bulo fiye da kima, sai ka ga bulon yana marmashewa a hannu. Araha ba ta ado. Na uku kankare: awon da aka saba shi ne siminti 1, yashi 2, tsakuwa 4, a ƙirga rodi kafin a zuba, a yi ta ba shi ruwa aƙalla kwana 7, domin sai ya kwana 28 yake kai cikakken ƙarfinsa. A ƙasarmu da zafi ke wuce digiri 40 daga Maris zuwa Mayu, kankaren da bai sha ruwa ba tsagewa yake yi, kuma sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Na huɗu rufi: hadarin farkon damina daga gabas yake tasowa da iska mai ƙarfi, don haka a ɗaure katako da ƙarfe a jikin gini, kada a dogara ga ƙusa kaɗai.

A waɗannan matakai huɗu mai gida ya yi ƙoƙari ya zo da ƙafarsa. Hoton waya yana taimakawa, amma abin da mai ɗauka ya so shi yake nunawa. Gani ya kori ji. Ranar da aka haƙa harsashi kuma a dasa itace, dogonyaro ko wani, don a tare da inuwa.

Kira ga ƙungiya

Cikinmu akwai injiniyoyi da safiyo da tsofaffin ma'aikatan sashen ayyuka da suka yi ritaya. Muna ba da shawara a kafa ƙaramin kwamiti daga cikinsu, wanda ɗan ƙungiya zai iya nema ya duba masa aiki a kan ɗan abin da aka yanka. Kwamitin ya tanadi samfurin takardar yarjejeniya da Hausa, ya kuma tattara sunayen magina da kafintocin da aka shaida da amana, daga Sifawa da Danchadi har Kajiji da Dandin Mahe, don kuɗin ginin ya zauna a hannun matasanmu. In saɓani ya taso, dattawan ƙungiya su shiga tsakani kafin magana ta kai gaban alƙali. Muna kuma roƙon masu kangaye da suka daɗe su zauna da 'yan'uwansu a yi lissafi, a yafi juna, a rufe ko da ɗaki ɗaya ne a sa mai bukata a ciki.

Allah ya ba mai niyya ikon farawa, ya ba wanda ya fara ikon gamawa, ya sa gidajenmu su zama matattarar zumunci. Allah ya ba mu lafiya da zama lafiya, ya mai da kowa gidansa lafiya.